Gwangwanin Ma'azu

A Birni, inda duwatsu suka durƙusa
kamar raƙuman da ayari ya manta,
nan Ma'azu Ciroma ke zama da hantsi,
gwangwani a cinyarsa, mai faɗin faifai,
tsatsa ta ci masa baki.

Ɗan dukawa ne, da basilla ya buɗe ido.
Shekarar da Turawan Italiya suka zo da mota uku
suna neman Amurka mai araha,
suka ga duwatsunmu, suka ce ta samu.
Shi ya ɗinka musu kuben bindiga goma sha biyu,
jar fata, bakin zare, ƙulli biyu a gindi.
Ran tafiya babbansu ya juya kuben, ya sake juyawa,
ya ce da tafinta: wannan hannu ba na barinsa a nan.

A Roma sau goma sha ɗaya ya mutu.
Ya faɗo daga doki, daga bene,
sau ɗaya daga jirgin ƙasa yana tafiya.
A daka tsawa a ce ya isa,
ya miƙe, ya kakkaɓe wando,
ya karɓi kuɗin mutuwarsa ya sayi taliya.

Daga nan sai jan waya, sai ɗaukar fitila,
sai wani ɗaki marar taga, almakashi da gam.
Ya ce ai wannan ma dukanci ne,
fatar ce kawai haske ke ratsawa.

Kasuwa ta ce kaboyi, aka yi kaboyi.
Ta ƙoshi, ta ce ƴan sanda da ɓarayi.
Ta sake, ta ce fatalwa, wuƙa, baƙar safar hannu.
Jininsu fenti ne, ko yaro bai tsorata,
shi ya koya musu dafa zoɓo da sukari
har ya yi kauri, ya yi duhu a gefe.

Fim uku ya ja wa ragama da kansa,
kwana goma sha takwas kowanne,
dokin aro, rigar aro,
garin katako mai ƙofofi ba ɗakuna.
Suka ce sunansa ba ya sayar da tikiti,
suka raɗa masa na wani Ba'amurke
da ba a taɓa haifa ba.
Ba rago, ba goro.

Ɗaya a ciki ya iso Damagaram.
Silima ba rufi, taurari na kallo kyauta,
samarin Zango na ihu, suna ce wa jarumi ya waiwaya.
Ba wanda ya san na gida ne ya girka,
sai wani tsohon baduku a bencin baya
da ya ga ƙulli biyu a gindin kube
ya tashi ya fita, bai jira ƙarshe ba.
Uban ne. Bai taɓa faɗin abin da ya gani ba.

Yanzu silimar shagon siminti ce.
Na tambaye shi ko fina-finan nan na kirki ne.
Ya ce biyu shirme ne,
na uku akwai minti huɗu da ba ya jin kunyarsu.

Ya buɗe gwangwanin, tsami ya bugi hancina.
Ya zaro zaren, ya ɗaga wa rana:
ƴan tagogi ashirin da huɗu
kafin mutum ya kai ƙasa daga sirdi.
Ya bi su da farce daga ƙasa zuwa sama,
mutumin ya tashi, ya koma kan dokinsa,
hularsa ta dawo.

Sai ga mai ga-ruwa ya shigo lungu da kura.
Ma'azu ya naɗe zaren, ya rufe,
ya ce: yau nawa jarka?